Martani: Murmushin Gaban Kyamara da Maganar "Ita Ta Kai Kanta"

Wata maƙala ta yi yawo a wayoyin mutanen Gwandu da na ɗaliban Jami'ar Tarayya ta Birnin Kebbi da ke Kalgo. Marubucinta mutum ne mai kishin tarbiyya, alƙalaminsa kuma yana da kaifi. Ya ɗauko mafi munin nau'in fina-finan batsa, waɗanda ake haɗa su da shaƙe wuya da ɗauri da mari da wulaƙancin da baki ba ya iya faɗa, ya yanke hukunci uku a kansu. Na ɗaya, duk macen da aka gani a ciki da ƙafarta ta je, ta sa hannu a takarda, ta karɓi kuɗi. Na biyu, fuskarta ma shaida ce, tunda ga ta nan tana murmushi. Na uku, babu dalilin tausaya mata, haka kuma babu dalilin tausaya wa duk wata yarinya ta gida da bidiyonta ya fita, domin ita ta kai kanta.

Yana da gaskiya a wurare da dama. Batsa haramun ce, babu malamin da ya yi jayayya a kai. Tana shiga wayoyin yara tun kafin gemu ya fito musu, kuma masu shagon tura fina-finai a waya ba sa tambayar shekarun kowa. Wannan martani bai zo don wanke sana'ar ba. Inda marubucin ya yi tuntuɓe shi ne hujjar da ya ɗora hukuncinsa a kai, domin ita ce dai hujjar da lauyoyin kamfanonin batsa ke tashi da ita a gaban alƙali: ta yarda, ga sa hannunta, ga rasidin kuɗinta. Mai wa'azi da mai sayar da batsa sun haɗu a kan magana ɗaya, kuma kotuna sun riga sun gwada wannan magana sun ga inda take yoyo.

A birnin San Diego na Amurka akwai wani kamfani mai suna GirlsDoPorn, na wani ɗan New Zealand da ake kira Michael Pratt. Yadda yake samun mata shi ne ta tallan neman masu nuna tufafi a intanet. Yawancin waɗanda suka amsa ɗalibai ne, 'yan shekara 18 zuwa 20 da 'yan kai, masu neman kuɗin haya da na makaranta. Sai an biya musu kuɗin jirgi sun sauka a garin da ba su san kowa ba, sannan maganar ta fito fili. A nan za a rantse musu cewa hoton ba zai taɓa hawa intanet ba, faifan DVD ne kawai da za a sayar wa wasu masu kuɗi a Ostireliya da wasu ƙasashe na nesa. Har hayar wasu mata ake yi su buga wa sabuwar zuwa waya, su ce su ma sun yi, kuma babu wanda ya taɓa sani. A ɗakin otal ake miƙo takardar yarjejeniya cikin gaggawa, ba a barin mace ta karanta. Wasu sun shaida cewa an tare ƙofa da kayan ɗaukar hoto, wasu an yi musu barazanar ƙara ko soke tikitin komawa gida idan suka ce a tsaya. Bayan 'yan makonni hoton ya bazu a duniya, sunayensu na gaskiya suka fita, aka tura wa iyaye da abokan karatu.

Kowace ɗaya daga cikinsu ta sa hannu. Kowacce an biya ta. A farkon kowane hoto kuma ana nuna ta tana hira tana dariya. Duk sharuɗɗan marubucin uku sun cika. Amma a Janairun 2020 alƙali Kevin Enright ya yanke cewa yaudara ce aka yi, ya ba mata 22 diyyar kusan dala miliyan 12.7, ya kuma mayar musu da haƙƙin mallakar hotunan. Shari'ar laifi ta biyo baya: namijin da ke fitowa a hotunan, Ruben Andre Garcia, ya samu ɗaurin shekara 20 a 2021, abokin kasuwancin Pratt, Matthew Wolfe, shekara 14 a 2024. Shi kansa Pratt ya gudu, aka kama shi a Madrid a Disambar 2022, aka yanke masa shekara 27 a 2025 bisa laifin safarar mutane. Miliyoyin masu kallo sun ga waɗannan hotuna tsawon shekaru, kuma babu abin da ya nuna musu a fuskar waya cewa laifi ake aikatawa.

Faransa ta ga irin nata, kuma a ɓangaren da marubucin ya fi magana a kai, wato batsa mai azabtarwa. Binciken da aka buɗe a 2020 kan wani shafi ya kai ga umarnin gurfanar da maza 17, mata kusan 40 kuma suka shiga ƙara. Tuhumar ta ce wani namiji ne ke buɗe shafin Facebook da sunan mace, yana ƙulla ƙawance da mata masu fama da talauci ko rikicin gida, har ya ja su. Matan sun ce abin da aka yi musu a wurin ɗauka ya wuce abin da aka faɗa musu nesa ba kusa ba, sun yi kuka ba a tsaya ba, wasu kuma da suka nemi a cire hoton sai aka ce su biya. A Satumbar 2022 Majalisar Dattawan ƙasar ta fitar da rahoto na musamman kan cin zarafin da ke cikin sana'ar. Babbar matsalar wannan nau'i ita ce kuka da roƙo da cewa "a'a" suna cikin hajar da ake sayarwa. Idan mace ta yi su da gaske, mai kallo zai ɗauka wasan ne ya yi kyau.

Maganar murmushi kuwa, duk wanda ya taɓa tsayawa kallon sharo a ranar kasuwa ko bayan salla a ƙasar Gwandu ya san amsarta. Saurayin Bafulatani zai tuɓe riga, ya ɗaga hannu sama, wani lokaci da madubi a hannunsa yana duba fuskarsa. Abokin karawa ya ja da baya, ya auna, ya zabga masa tsumagiya a haƙarƙari har fata ta tashi. Shi kuwa yana murmushi yana kirari, domin 'yan mata na kallo kuma ragon suna ya fi bulala ciwo. Babu mai hankalin da zai ce wannan murmushi yana nufin babu zafi. Abin da ya sa ake kiran sharo wasa shi ne abubuwan da ke kewaye da shi: sa'a da sa'a ake yi, a bainar jama'a, dattawa na tsaye, dangin kowa na nan, kuma wanda aka buga yana da ranar ramuwa. A ɗakin otal na San Diego babu ko ɗaya daga cikin waɗannan. Ƙofa a rufe take, maza sun fi ta yawa, wanda zai ce a tsaya shi ne wanda ke riƙe da kuɗin da tikitin, sannan shi ne zai zauna daga baya ya yanke duk wurin da bai yi masa daɗi ba kafin duniya ta gani.

Akwai kuma batun lokaci, wanda maƙalar ba ta taɓo ba sam. Linda Boreman, wadda aka sani da Linda Lovelace, ta fito a wani fim na 1972 da ya yi tashe a Amurka, aka riƙa nuna ta a matsayin mace mai 'yanci. A 1980 ta fitar da littafi mai suna Ordeal, inda ta ce mijinta na lokacin, Chuck Traynor, da duka da barazanar bindiga ya sa ta, ta kuma maimaita haka a gaban kwamitin gwamnati a 1986. Mia Khalifa, 'yar asalin Lebanon, ba ta ce an ɗora mata bindiga ba. Ta yi aikin na kimanin wata uku a 2014, ta ce abin da ta samu gaba ɗaya bai wuce dala 12,000 ba, ta bar shi, ta yi nadama a fili. Hotunan suna nan suna kawo wa wasu kuɗi, ita kuma ba ta da ikon cire su. Yardar da yarinya ta bayar a yammaci ɗaya tana da shekara 21 ana ci gaba da cin ribarta har ta yi jika. Wace irin yarjejeniya ce ɗaya ɓangaren ba ya iya fita daga cikinta har mutuwa?

Ko ƙasashen da suka halatta sana'ar ba su ɗauki yarda a matsayin mabuɗin kowace ƙofa ba. A Ingila, kotun ƙoli ta lokacin ta yanke a 1993, a shari'ar da ake kira Brown, cewa amincewar mutum ba ta wanke wanda ya ji masa rauni don jin daɗi. Alƙalai uku ne suka rinjayi biyu. Dokar 2021 kan cin zarafi a cikin gida ta rubuta wannan ƙa'ida ƙarara, ta kuma mai da shaƙe wuya laifi mai zaman kansa, bayan an yi ta samun maza da suka kashe mata suna cewa wasa ne ya ɓaci kuma ita ta nema. Matacciya ba ta tashi ta ƙaryata. A 2025 wani bincike da Baroness Bertin ta jagoranta ya ba gwamnati shawarar haramta hotunan batsa masu nuna shaƙewa. Su kansu manyan shafukan sun nuna ba su san abin da ke rumbunsu ba: a Disambar 2020, bayan rubutun Nicholas Kristof a jaridar New York Times da janyewar Visa da Mastercard, shafin Pornhub ya sauke miliyoyin hotuna cikin 'yan kwanaki saboda ba zai iya tabbatar da waɗanda suka ɗora su ba. A 2023 kamfanin da ya mallake shi, Aylo, ya amince a gaban kotun tarayya a Brooklyn cewa ya karɓi kuɗin da suka fito daga harkar GirlsDoPorn, ya yarda zai biya dala miliyan 1.8. Idan mai rumbun bai san wadda ta yarda da wadda aka tilasta ba, daga ina marubucin ya samo tabbacinsa?

Abin mamaki shi ne mutumin Gwandu ba ya buƙatar zuwa Landan neman wannan ilimi. A garin da hubbaren Malam Abdullahi ɗan Fodiyo yake, wanda ya rasu a 1829 ya bar tafsirin Diya'ut Ta'wil da littattafan shari'a irin su Diya'ul Hukkam, babin tilas tsohon karatu ne a zaure. Aya ta 33 a Suratun Nur ta sauka ne a kan Abdullahi bn Ubayyu, shugaban munafukan Madina, wanda ke tura kuyanginsa karuwanci yana karɓar kuɗin. Sahihu Muslim ya kawo sunayen biyu daga cikinsu, Musaika da Umaima. Ayar ta tsawata wa mai tilastawa, ta kuma buɗe ƙofar gafara ga waɗanda aka tilasta. Mutanen Madina da ke ganin waɗannan mata suna shiga suna fita za su iya cewa da ƙafarsu suke zuwa. Alƙur'ani ya duba wanda ke amsar kuɗin.

An kuma ruwaito cewa a zamanin Sayyidina Umar an kawo wata mace da ƙishirwa ta kusa kashewa a daji, ta roƙi wani makiyayi ruwa ya ƙi sai ta ba shi kanta. Da aka ji labarinta, ba a tsayar mata da haddi ba, aka ɗauke ta a matsayin wadda larura ta tilasta. Babu takobi a wuyanta, ƙishirwa ce kawai. Imamu Malik kuwa, wanda mazhabarsa ake bi daga Gwandu har Kalgo, bulala ya sha a Madina a hannun gwamna Ja'afar bn Sulaiman, zamanin Halifa Mansur, har kafaɗarsa ta goce, saboda ya ƙi janye fatawarsa cewa sakin wanda aka tilasta bai auku ba. Mutum ya furta da bakinsa, shaidu sun ji, Malik ya ce furucin ba shi da nauyi. Malaman fiƙihu sun kuma ba wanda aka yaudara a ciniki damar warwarewa. Marubucin da ke magana da sunan addini ya tsallake duk wannan ya tsaya a kan sa hannu.

Hukuncinsa na uku shi ne mafi haɗari, domin shi ne ya shigo gida. Ya haɗa matan da ke cikin sana'ar batsa da 'yan matan da aka fitar da bidiyonsu na sirri, ya zuba su a buhu ɗaya. Arewa ta san wannan hanya. A Agustan 2007 wani gajeren bidiyo na waya, na wata jarumar fina-finan Hausa da wani namiji, ya bazu a Kano ta Bluetooth. Ba don kasuwa aka ɗauke shi ba, ba kuma ita ta watsa ba. Ita ce ta ɓuya, ita ƙungiyar masu shirya fim ta dakatar, sunan fim ɗinta ne ya zama abin zagi a titi. Gwamnatin Malam Ibrahim Shekarau ta ɗora Abubakar Rabo Abdulkarim a kan Hukumar Tace Fina-finai, aka tsayar da ɗaukar fim na watanni, ɗaruruwan masu sana'a suka zauna babu aiki. Dubban da suka riƙa tura bidiyon daga waya zuwa waya kuwa babu wanda ya kira su da wani suna. A 2020 an sake ganin irin haka da wasu jarumai mata, kuma tambayar gari ba ta sauya ba: me ya kai ta? Kuskuren tsayawa gaban waya laifi ne tsakaninta da Ubangijinta. Watsawa laifi ne dabam na wani mutum dabam, kuma wannan Suratun Nur ɗin ce dai ta yi alƙawarin azaba ga masu son alfasha ta yaɗu cikin muminai, ta kuma tanadi bulala 80 ga mai jifan mace da zargin da ba shi da shaidu huɗu.

Titin da ya ratsa Kalgo ya nufi Bunza har Kamba hanyar iyaka ce, kuma Kebbi tana maƙwabtaka da Nijar da Benin. Wannan ya sa maganar "da ƙafarta ta je" ba hirar nesa ba ce a nan. A farkon 2019 shugabar hukumar yaƙi da safarar mutane (NAPTIP) ta lokacin, Julie Okah-Donli, ta ce akwai 'yan matan Najeriya kusan 20,000 da suka maƙale a Mali ana karuwanci da su, da yawa an ce musu aiki za a kai su Malesiya. A 2025 wani binciken BBC ya kawo shaidar 'yan matan Yuganda da aka kai Dubai da alƙawarin aikin kanti ko otal, suka tarar da bashin tikiti da biza da masauki yana jiransu, aka riƙa tura su ga masu kuɗi masu neman irin ƙazantar da marubucin ya kwatanta. Wanda aka zarga ya musanta. Kowacce daga cikin waɗannan mata ta haɗa jakarta da hannunta, ta yi sallama da uwarta, ta hau mota. Shi ya sa Yarjejeniyar Palermo ta 2000, wadda Najeriya ta amince da ita, ta ce amincewar wanda aka yi safararsa ba ta da wani tasiri muddin an yi amfani da yaudara ko barazana ko cin gajiyar rauninsa. Dokar hana safarar mutane ta Najeriya ta 2015 a kan wannan turba take.

Marubucin zai iya cewa ai akwai waɗanda suka zaɓa da gaske. Akwai. A Amurka da Turai akwai masu wannan sana'a da ke fitowa su ce babu wanda ya tilasta su, suna da ƙungiyoyi, suna rubuta abin da suka yarda da shi da wanda ba su yarda ba kafin a kunna kyamara, suna kuma da kalmar da idan suka furta dole a tsaya. Mayar da kowace mace yarinya marar wayo shi ma raini ne, kuma wadda ta zaɓa da hankalinta tana ɗauke da nauyin zaɓinta. Sai dai buƙatar da ta sa aka ƙirƙiro waɗannan matakai ita kanta shaida ce cewa sa hannu kaɗai bai taɓa isa ba. Mai kallo a Gwandu ko a San Diego kuma ba shi da hanyar bambance wadda aka mutunta sharaɗinta da wadda aka take nata. Da marubucin ya bi wannan zaren, da ya samu hujja mafi ƙarfi a kan kallon batsa fiye da wadda ya kawo: saurayin da ya kunna irin wannan hoto yana iya zama yana kallon fyaɗe ne, kuma kallonsa na cikin abin da ke biyan wanda ya aikata.

Illar maƙalar a aikace tana kan ɗalibar da ke zaune a ɗakin kwana a Kalgo, ko budurwar da ke gidan iyayenta a Gwandu, wadda tsohon saurayi ya turo wa saƙo: turo kuɗi, ko ki zo inda nake, ko na watsa. Ƙarfin wannan barazana gaba ɗaya ya dogara ne da sanin da ya yi cewa gari zai ce ita ta kai kanta. Duk rubutun da ya ƙarfafa wannan magana ya ƙara masa jari. Yarinyar za ta yi shiru, ta sayar da ɗan kunnenta ta biya, ko ta je, ya sake ɗaukar wani hoton da ya fi na farko muni, wanda a cikinsa ma wataƙila za a gan ta tana murmushi.

Dokokin da za a kama shi da su suna nan: dokar laifukan intanet ta 2015, da dokar safarar mutane ta wannan shekarar, ga hukumar NAPTIP, ga 'yan sanda, ga Hisba. Abin da ya rage shi ne yarinya ta samu ƙofar da za ta ƙwanƙwasa ba tare da an fara tsare ta ba. Jami'a na iya ware ma'aikaciya mace da ke karɓar irin wannan ƙorafi a asirce. Limamai da malaman Islamiyya na iya faɗa wa iyaye cewa uban da 'yarsa ta zo masa da wannan magana ya fara da kwantar mata da hankali, ya adana saƙonnin, ya kai ƙara. Jami'in da aka kai wa ƙarar kuma ya fara da irin tambayoyin da aka bi a shari'ar San Diego: wa ya riƙe kyamarar, me aka faɗa mata kafin a kunna, wa ya ɗora a intanet, kuma aljihun wa kuɗin suka shiga.